Matacin Inna Tsonka

A duk garinmu yaro ɗaya ne ya doshi shekara uku bai iya tauna ba, kuma a gidan matar da ta ciyar da garin gaba ɗaya yake. Wasu abin dariya ya ba su. Mu da muka san Inna Tsonka, muka yi wayo da abincinta a baki, bai ba mu dariya ba ko kaɗan.

Shekara talatin da bakwai ta yi a kicin ɗin yara na hukuma, wannan ɗan ginin mai ruwan ɗorawa da ke bayan tashar bas, wanda kowa a nan Bulgeriya ke kira kicin ɗin madara, ko da yake madara ce mafi ƙarancin abin da ake dafawa a ciki. Uwa takan zo da hantsi da kwalabe uku wankakku masu faɗin baki, da lambar ɗanta a kan murfi. Ta miƙa ta taga, a miƙo mata uku cikakku: miya, abinci, da ɗan abin zaƙi. Gobe ta dawo da su a wanke. Haka iyayenmu suka yi, haka mu ma muka yi da namu 'ya'yan.

Ƙa'idar aikin a rubuce take a jikin bango. Ɗan ƙasa da shekara a tace masa, wanda ya haura shekara a dagargaza masa da cokali, ɗan shekara biyu a yanka masa ƙanana ya tauna da kansa. Tsonka ta karanta tun ranar farko, ta ce ta gane, ta ɗauki matacinta. Na ƙarfe ne mai mariƙin katako, kuma ba na hukuma ba ne, daga gida ta zo da abinta. Dankali, karas, kabewa, naman maraƙi, dafaffen tuffa, duk ta nan suke bi, sau biyu-biyu. Shugabanni sun zo sun yi faɗa sun tafi, wasu sun zo sun yi nasu, ita dai sai ta ce to, ta ci gaba da goga cokali a gindin mataci.

Gergina ce kaɗai ke iya yi mata tsiya ta kwana lafiya. Ita ce mai miƙa kwalabe a taga, kuma maƙwabciyarta ce, shingen waya kawai ya raba gidajensu.

"Ke Tsonka, wannan mai lamba arba'in ɗin haƙoransa sun fi nawa yawa. Ki bar masa ko ƙwayar shinkafa ɗaya, ya san yana da baki."

"In ya je gida uwarsa ta ba shi tsakuwa ma ya tauna. Abin da zai fita ta tagar nan, a tace zai fita."

"Ke ai ko ruwan famfo aka ba ki sai kin tace."

"Da an bar ni da na tace. Kin taɓa ganin an dawo mini da saura a kwalba?"

Ba a taɓa ba kuwa. Wannan shi ne abin tunƙahonta, kuma ba ta da wani. Kwalabe suna dawowa tas, har walƙiya suke yi. Abin da bai taɓa faɗo mata a rai ba shi ne, a duk shekarun nan ba ta taɓa ganin yaro ko ɗaya yana cin abincin ba. Tagar ƙarama ce, hannayen iyaye kawai ake gani ta cikinta.

Manyan layinmu sun san inda matacin ya samo asali, amma ba a zancen. Kafin kicin a masaƙa take aiki. Ta auri Stamen, mai gyaran injin jiragen ruwa a bakin kogi, suka haifi ɗa, Yasen. Yana wata goma sha uku ya saki hannu ya yi taku, sai aka yi masa bikin taku kamar kowane yaro. Aka gasa burodi mai faɗi aka shafe shi da zuma, aka shimfiɗa farin mayafi daga bakin ƙofa zuwa tsakar gida, aka jera littafi da guduma da almakashi da ludayi a ƙarshensa don a ga sana'ar da zai zaɓa. Aka mirgina burodin, yaro ya bi shi yana tangaɗi, ya wuce littafi, ya wuce guduma, ya cafki ludayi. Gida ya kwashe da dariya, aka ce maciyi ne kamar ubansa. Surukarta ta gutsuro masa ɓawon burodin, don rabon farko nasa ne. Sauran aka zuba a faranti aka danƙa wa uwa, domin ita ce za ta raba wa maƙwabta, kuma a guje, ba tsayawa ba tuntuɓe, don yaro ya tashi da zafin nama.

Shekararta ashirin da uku a lokacin, ƙafarta kamar ba ta taɓa ƙasa. Gida bakwai ta shiga tana dariya, mata na yi mata kirari daga bakin shinge, ba ta yi tuntuɓe ko sau ɗaya ba. Ta dawo da faranti wayam, tana haki, bakinta cike da abin da za ta faɗa. Sai ta tarar Stamen ya riƙe yaron ta ƙafafu, kai ƙasa, yana jijjiga shi, surukarta kuma ta durƙusa tana cusa masa yatsa a baki. Ɓawon burodin ne ya shaƙe yaron, bai yi kuka ba, ko ƙara bai yi ba. Mutum sun fi goma a tsakar gidan, babu wanda ya san abin yi. Kafin motar asibiti ta iso an gama.

Ba ta zagi surukarta ba, ba ta zagi kowa ba. Bayan wata shida ta ajiye aikin masaƙa ta nemi na kicin.

Shekara biyar a tsakani aka haifi Ralitsa. Ita ba a yi mata bikin taku ba, kuma babu wanda ya tambayi dalili. Tana wata goma aka sa ta gidan renon hukuma, daga Litinin zuwa Juma'a, kamar yawancin 'ya'yan ma'aikata a lokacin. A can cikin yara talatin ta koyi cin abin da aka ajiye mata kafin na kusa ya ɗauke. Asabar da Lahadi uwarta ta tace mata, ita kuma ta zagaya bayan gida Gergina ta miƙo mata ɓawon burodi ta ramin shinge. Haka ta girma, Stamen ya rasu, masaƙa ta rufe, rabin gidajen layinmu aka sa musu kwaɗo. Ralitsa ta bi sauran samari da 'yan mata zuwa Sifen, inda take jera lemu a kwali. Da ta samu ciki, uban yaron ya tuna yana da wani wurin zuwa. Ta dawo gida ta haihu, ta yi wata bakwai, ta ajiye wa uwarta yaron, Kalin, ta koma bakin aiki.

A watan ne kuma Tsonka ta yi ritaya. Abokan aiki suka ba ta furanni, ta karɓa, ta zare matacinta daga ƙusa ta sa a jaka. Mace mai shekara sittin da ɗoriya, wadda ta ciyar da yara sun fi dubu, sai ga shi yau ne za ta fara ciyar da ɗaya da hannunta daga fari har ƙarshe.

Kai, ta ji daɗin shekarar farko. Duk wanda ya bi ta ƙofar gidan zai ji ta.

"Buɗe baki, na Kaka. Yauwa. Wannan na Mama, wannan na Kaka, wannan na kyanwar Gergina mai satar cuku."

Yaro ya yi kumatu, ya yi ƙyalli. Haƙora suka fito ɗaya bayan ɗaya har ashirin, farare tas, babu wanda ya taɓa yin aikin komai. Wata rana yana shekara ɗaya da rabi ƙwayar shinkafa ta kuɓuce ta gefen mataci. Tana taɓa harshensa ya yi kakari, ya amayar da duk abin da ya ci. Da wata uwar ce, da ta tsaya ta yi tunani. Tsonka kuwa sai ta ce ka gani ko, ta koma tacewa sau uku.

Daga shekara biyu abin ya fara fitowa fili. Kalin ba ya kai komai baki, ko abin wasa. In aka miƙa masa biskit sai ya ɓoye hannuwa a baya. Yawu na zuba, magana ta ƙi fitowa sosai, kuma tataccen abincin ma ya gundure shi. Cin rana guda sai ya kai awa ɗaya da rabi, ana kunna masa fim ɗin yara a waya, ana lallashi, ana zura cokali in ya shagala. Kumatun nan suka zube. A wurin wasan yara sa'o'insa na gwaguyar masara da kokwamba, shi yana maƙale da siket ɗin kakarsa yana kallonsu kamar masu cin wuta.

Da bazara ta je sa sunansa a makarantar reno. Shugabar, wadda ita ma da kwalaben Tsonka ta girma, ta kasa kallon idonta.

"Inna Tsonka, kin san ba zan ƙi ki ba. Amma yara ashirin da biyar ne, malama ɗaya da mai taimaka mata. Abin da ke cikin tukunya shi kowa ke ci. Ba mu da mataci."

"Zan riƙa kawo masa nasa a kwalba."

"Wa zai zauna awa ɗaya da rabi yana ba shi? Ya koyi tauna kafin Satumba, gurbinsa na nan."

Labari bai kwana ba ya isa Sifen, don garinmu ba a ɓoye komai sai abin da kowa ya riga ya sani. Ranar Lahadi Ralitsa ta kira, fuskarta a cikin wayar duk gajiya.

"Mama, ba faɗa zan yi ba. A watan Agusta zan zo. In na tarar yana tauna, ya zauna wurinki ya shiga makaranta, don ni ma na san ya fi jin daɗi a nan. In ba haka ba zan tafi da shi. Akwai masu duba irin wannan a nan, zan san yadda zan yi da aikin."

"Ɗaki ɗaya kuke ku uku da abokan aikinki, ina za ki sa shi?"

"A kan cikina in ta kama. Ki kai shi wurin matar nan da na turo miki lambarta, don Allah."

Tsonka ta ajiye waya ta dubi gidan. Ɗakuna biyu a rufe, hoton Stamen a bango, ƙaramin hoton Yasen a bayan agogo inda ba kowa ke gani ba. In aka ɗauke Kalin babu abin da zai rage mata a duniya sai shayar da tumatir. Tsoro ya kama ta, tsoro na gaske, har ta zauna a ƙasa.

Ta kai shi. Awa ɗaya ce a bas zuwa babban gari. Matar da ke koya wa yara magana da tauna yarinya ce sa'ar Ralitsa, har da ɗan ƙarfe a hanci, Tsonka na ganinta ta raina ta. Yarinyar ta zauna a ƙasa da Kalin, ta yi wasa da shi, ta leƙa bakinsa, ta duba takardun likita.

"Kaka, maƙogwaronsa lafiya lau. Bakin ne bai taɓa samun aiki ba. Wa ke dafa masa?"

"Ni. Shekara talatin da bakwai ina kicin ɗin madara."

"To kin fi ni sanin girki. Yanzu ki ajiye mataci. Ki ba shi abin da zai riƙe da hannunsa, dogon ɓawon burodi, dafaffen karas. Ya taɓa, ya jefar, ya shafa a kai, duk daidai ne. Ki zauna gabansa ki ci naki yana gani. Zai yi kakari, dole ne, ta nan kowane yaro ke bi."

"In ya shaƙe fa?"

"Kakari daban, shaƙewa daban. Mai kakari yana da murya, fuskarsa ja take yi, jikinsa ne ke turo abin da kansa. Wanda ya shaƙe shiru yake yi. In kika ji murya, ki zauna a kan hannuwanki ki ƙirga goma. Kuma ko me ya faru kada ki cusa masa yatsa, tura abin ciki yake yi."

Sai ta ɗauko 'yar tsana ta roba, ta kifa ta a kan cinyarta kai ya ɗan yi ƙasa, ta nuna mata inda ake bugu tsakanin kafaɗu da gindin tafin hannu, da abin da ake yi in wannan bai fitar ba. Ko minti biyu ba ta ɗauka ba.

"Shi ke nan?" in ji Tsonka.

"Shi ke nan. Sai a kira motar asibiti."

"Wannan ɗin kawai?"

"Kaka, lafiya?"

Ta ce lafiya lau. Ta kama hannun Kalin suka fita, ta zauna a kan benci a tashar bas, bas biyu suka zo suka tafi ba ta tashi ba. Shekara arba'in tana ɗauka abin da ya ɗauke Yasen ya fi ƙarfin mutum. Ashe abin minti biyu ne, kuma yarinya mai ƙarfe a hanci ta san shi.

Ta gwada, kada wani ya ce ba ta gwada ba. Kowace rana takan yanko ɓawon burodi ta ɗora a gabansa. Kalin ya dube shi, ya dube ta. Shi kuwa yaro fuskar babba yake karantawa, kuma fuskar Tsonka a lokacin ba ta mai cewa ci ba ce. Da ya ɗago hannu sai ta riga shi. Yau burodin ya bushe da yawa, gobe ya yi laushi da yawa, jibi yaron na mura, a bari ya warke. Sai ta ɗauko mataci, tana goga cokali tana zagin kanta a zuci. Ranar Lahadi kuma ta ɗaga faranti a gaban waya.

"Kin gani? Kaza da shinkafa. Ya cinye tas."

"Da kansa ya tauna, Mama?"

"Ke dai ga faranti."

Gergina na shanya a bayan shinge, kunnenta kuma bai tsufa ba ko da haƙoranta sun zama na roba. Ta bari aka kashe waya.

"Kin nuna mata faranti."

"Ina ruwanki?"

"Faranti ai ba ya magana. Tsonka, yau zan gaya miki abin da na riƙe shekara talatin, in kin so ki daina gaishe ni. Kin san cikin wa rabin kwalabanki suka shiga? Tsofaffi marasa haƙora. Surukina, Allah ya ji ƙansa, shekara biyu yana cin abincin lamba sha bakwai, har ƙiba ya yi. Yara da sun kai shekara ɗaya da rabi ture shi suke yi, su ce a ba su abin da manya ke ci. Ni ce a taga, ni ake gaya wa. Iyayen kunyarki suke ji, su wanke kwalba su dawo da ita."

Tsonka ta tsaya da farantin a hannu, maganar ta shige ta har ƙashi.

"Ba don in ƙona miki rai na faɗa ba," in ji Gergina, muryarta ta sauka. "Ki ba ni shi awa ɗaya kullum. Ki tafi kasuwa, kada ki gani. Ni na koya wa uwarsa ta ramin nan, ba ta mutu ba."

"Sau ɗaya na taɓa barin yaro da burodi na fita layi."

Gergina ta kwashe shanyarta ta shige gida. Amma tun daga ranar, kullum da la'asar sai ta jawo kujera bakin shinge da guntun burodi, ta zauna tana tauna da baki buɗe, haƙoran roba na ƙwas-ƙwas, tana zare ido tana lumshewa kamar mai cin naman sarki. Kalin ya riƙe wayar shingen yana ƙyaƙyata dariya. Bayan sati biyu aka ga yana motsa muƙamuƙi da baki wayam yana kwaikwayonta. Tsonka ta gani ta ƙyale, tunda dai babu abin da ke tsallako shinge.

Ralitsa ta iso ranar sha biyu ga Agusta. Washegari da rana aka shimfiɗa tebur a ƙarƙashin rumfar inabi: tumatir, farin cuku, gasasshen tattasai, kindirmo. Gergina ta shigo da burodi mai zafi a ƙunshe cikin tawul, ba tare da an gayyace ta ba. Kalin na kan cinyar uwarsa, yana wasa da sarƙar wuyanta.

"To Mama, mu gani," in ji Ralitsa.

Tsonka ta riga ta shirya abin da za ta faɗa. Za ta ce ƙarya ta yi, za ta roƙi wata uku. Ta buɗe baki ke nan, Gergina ta karya ɓawon burodi ta fara wasan nan nata, ƙwas-ƙwas, tana zare ido. Kalin ya yi dariya. Ya saki sarƙa, ya miƙa hannu kan tebur, ya ɗauki ɓawon da ya rage. Ya juya shi, ya shinshina, ya lasa. Sai ya tura shi gefen baki, muƙamuƙin ya fara motsi.

Babu wanda ya yi numfashi mai ƙarfi. Ana jin ƙudan zuma a cikin inabi. Idon Ralitsa ya ciko.

"Mama, ashe da gaske kike," ta ce a hankali. "Ki yafe mini. Har tikitinsa na saya, wallahi ban yarda da ke ba. Shi ke nan, ya zauna."

Tsonka ta ci nasara. Ƙaryar wata uku ta zama gaskiya a gaban idonta, yaron nata ne, makaranta na jiran sa, ba abin da ya rage sai ta zauna. Ta kuwa zauna, ta tura hannuwanta biyu ƙarƙashin cinyoyinta kamar yadda aka koya mata, ta danne.

Sai wani ɗan guntu ya gutsure ya koma bayan harshe. Kalin ya yi kakari. Fuskarsa ta yi ja, ya turo harshe, ya yi ƙara.

Ta ji ƙarar. Ta san mai murya bai shaƙe ba, ta san shi sarai, a lokacin ma tana faɗa wa kanta. Ta ƙirga ɗaya. Ta ƙirga biyu. Gergina ta ce, "Bar shi, yana turowa." Ta ƙirga uku. Ba ta san lokacin da ta tashi ba. Kujera ta kife, kwanon kindirmo ya tarwatse a ƙasa, ta fizge yaron daga cinyar uwarsa, ta matse masa kumatu, ta cusa yatsa har ƙarshe ta ƙwaƙulo. Farcenta ya yanke shi a ganɗa. Ya amayar a rigarta, da ɗan jini a ciki, ya tsala ihun da aka ji har bakin titi.

Abin da ta ciro yana manne a kan yatsarta. Bai kai ƙwayar wake ba, kuma ya riga ya jiƙe ya yi laushi.

Ralitsa ta karɓe ɗanta ta shige ɗaki. Gergina ta durƙusa tana tsince fasassun kwano tana kuka, ita da ba a taɓa ganin hawayenta ba ko a jana'izar mijinta.

Kwana uku Kalin bai karɓi cokali ba, ko tataccen. Madara kawai yake sha, ita ma daga hannun uwarsa. Da Tsonka ta shigo ɗaki sai ya rufe baki da hannu biyu. Rana ta huɗu da safe ta sami Ralitsa tana ninke kayansa a akwati.

"Rali, akwai abin da ban taɓa gaya miki ba game da yayanki."

"Na sani, Mama."

"Ba ciwo ya yi ba."

"Na sani. Ina 'yar shekara tara na sani. Burodin taku, gida bakwai. Duk layin nan an sani, ke kaɗai kike zaton asiri ne." Ta ajiye rigar da ke hannunta. "Ba na jin haushinki, Allah ya gani. Da ni ce, ban san yadda zan zama ba. Amma ba zan bar miki shi ba."

"Ya fara ai. Kin gani da idonki ya fara."

"Na gani. Na kuma ga abin da ya biyo baya."

Ranar tafiya Tsonka ta cika jaka da kwalabe goma sha biyu, kabewa da kaza, tuffa da karas, kowace da sunansa a murfi. Ralitsa ta ce ba a barin irin wannan a jirgi. Tsonka ta ce ko biyu, na hanya. Ralitsa ta ce ko ɗaya ba a bari. Motar haya ta tsaya a ƙofa, Tsonka ta sunkuya ta taga ta ce, "Na Kaka, ba sallama?" Yaron ya tura fuska cikin wuyan uwarsa, hannunsa na kan baki. Ta koma ciki da jakar, ta jera kwalaben a firiza kusa da sauran.

Gergina ce ta cinye su ɗaya bayan ɗaya a lokacin kaka, don haƙoran robar sun fara yi mata ciwo. Takan dawo da kwalbar a wanke ta ce ba laifi, gishiri ne dai babu.

A ƙarshen Oktoba Ralitsa ta kira da murna, ta ce Mama tsaya ki ga wani abu, ta juya wayar. Kalin ne zaune a kan doguwar kujera, ya ɗan rame, an yi masa aski, da yankin tuffa a hannu. Ya kai baki ya gartsa. Ƙarar ta fito ta wayar ƙarara. Tsonka ta kife wayar a kan tebur, ta riƙe gefen teburin tana jin taunar daga ƙarƙashi, tana jiran shiru. Ta gode wa Allah, kuma ta ji kamar ta mutu, duk a lokaci guda.

"Mama? Kina nan? Hoton ya ɗauke."

"Ina nan. Rali, ki riƙa kirana bayan ya gama ci."

Haka ake yi har yau. Kowace Lahadi da ƙarfe biyu waya na ƙara a gidan da ke kusa da na Gergina. Wani lokaci yaron yakan leƙo ya ce Kaka ya gudu, wani lokaci yana wasa ba ya zuwa. Matacin na rataye a ƙusa bayan ƙofar kicin, ba ta amfani da shi, ba ta kuma yar ba.

"Ya ci?" takan tambaya.

"Ya ci, Mama."

"Me ya ci?"

"Kifi da dankali. Ga farantin."

Sai Ralitsa ta ɗaga shi a gaban waya, wayam. Tsonka ta matso da fuska ta duba shi da kyau, ta ce madalla.